Amsa ga mai tsohon kibod ɗin da ya ƙi aiki

Wallahi malam, da na karanta tambayarka sai na ji kamar ni na rubuta ta. Ka ce kibod ɗinka mai zagayayyen kai ne, ka sayo ɗan adafta ka soka a USB, ko fitila bai kawo ba. Kada ka yar da shi, mai yiwuwa lafiyarsa ƙalau.

Nawa IBM Model M ne, na marigayi kawuna, da shi ya yi shekaru yana buga wa mutane takardu. In ina dannawa har maƙwabcin shago yana jin ƙas-ƙas ɗinsa. Na je wurin wani mai kayan kwamfuta, ya miƙo min ɗan adaftan nan shunayya, ya rantse zai yi. Bai yi ba. Na koma ya canza min wani irinsa sak. Zuwa na uku ko ɗago kai bai yi ba, yana latsa waya ya ce wai kibod ɗin ne ya mutu, in kai wa 'yan jari-bola. A gaban mutane fa! Har yaron shagonsa yana dariya. Kuɗina bai mayar ba, na mota ma na yi asara sau uku. Allah ya isa ban ce ba, amma na kusa.

Ashe ɗan adaftan nan babu komai a cikinsa sai waya. PS/2, wato zagayayyen kan nan na kibod ɗinka, tun 1987 IBM ta fito da shi, USB kuwa sai 1996, yarensu ba ɗaya ba ne. Adaftan yana yi ne kawai da kibod ɗin da aka ƙera da jin yaren biyu. Kai wanda kake buƙata shi ne mai cif a ciki, mai fassarawa. Yawanci waya ce mai jela biyu, shunayya ta kibod, koriya ta linzami, da ɗan kumburi a tsakiya. Ka tafi da kibod ɗin da laptop a gwada a gabanka kafin ka biya, don tsofaffin nan suna jan wuta, wasu masu arahar ba sa iya ɗaukarsu.

Af, ka haska cikin kan da tocila. Allurai shida ne, kuma saurin lanƙwashewa gare su. Ni da tsinken sakace na miƙe ɗaya, hannuna na rawa. In kuwa babban kai ne mai allurai biyar, to mai yiwuwa AT ne, nau'in da ya girmi PS/2; in shi ne, sai ka fara mayar da shi PS/2, a nan adafta marar cif ma ya isa. In kwamfutar tebur ce mai ramin PS/2, kashe ta kafin ka soka.

Me aka rubuta a takardar da ke ƙarƙashin kibod ɗin naka? Turo mana hoto mu gani.