Akwai na'urar da ke aika saƙo ya isa tun jiya?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni mai gyaran waya ne a kasuwar Tawa. Wani ya kawo mini manhaja a kan jikka biyar, wai tana tura saƙo ya isa ga mutum tun jiya. Ya gwada a gabana, kuma da idona na ga kwanan watan jiya a jikin saƙon. Malam, abin nan yana yiwuwa kuwa?

Amsa: Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, riƙe jikka biyar ɗinka. Abin da ka gani aikin agogon waya ne. Ka kashe saitin da ke ɗauko lokaci daga layi, ka mayar da kwanan wata baya, ka tura saƙon tes: a wayarka zai fito da ranar jiya, amma wanda ka tura wa yau ya karɓe shi. Haka in ka kira Wagadugu daga Yamai da ƙarfe 8, agogonsu ƙarfe 7 yake nunawa. Wannan tsarin agogon ƙasashe ne kawai.

Sai dai masana kimiyyar fiziks sun daɗe suna juya wannan tambaya, kuma hanya biyu gare ta. Aika saƙo gaba ba wuya, ko wasiyya ma saƙo ce zuwa gaba. Abin mamakin shi ne lokaci kansa ba gudu ɗaya yake yi ko'ina ba. Einstein ya nuna a 1905 cewa agogon da ke tafiya da sauri yana jinkiri, a 1915 kuma ya ƙara da cewa ƙarfin jan Duniya ma yana rage masa gudu. An auna wannan, kuma yana cikin wayoyin da kake gyarawa. Taurarin ɗan Adam na GPS, masu nuna wa waya inda take, suna sama da mu da wajen kilomita 20,200. Gudunsu yana sa agogonsu ya yi baya da kashi 7 cikin miliyan na sakan a kullum, nisansu da ƙasa kuma, inda jan Duniya ya ragu, yana sa ya yi gaba da kashi 45. In ka cire, saura 38. Kaɗan ne a ido, amma da ba a gyara shi, taswirar waya za ta riƙa kuskure da kusan kilomita 10 kowace rana.

Komawa baya ne ke da ƙaya. A kan takarda ana iya zana na'urar, kuma abu uku take buƙata: tashoshi biyu, gudu mai tsanani da ke raba su, da saƙon da ya fi haske sauri. Haske yana cin kusan kilomita 300,000 a sakan. Tazarar Tawa da Yamai, wadda mota ke wuni a kanta, bai kai kashi 2 cikin dubu na sakan ba ya gama ta.

Ga lissafin. A ce kana Tawa, abokinka ya tashi a kumbo da gudun kashi 60 cikin ɗari na haske, wato kilomita 180,000 a sakan. A wannan gudun, kowannenku yana ganin agogon ɗayan yana cin kwana 8 a duk kwana 10 nasa. Ranar da ka cika kwana 100 da rabuwarku, sai ka tura saƙon da ke isa nan take. A lissafinka, agogonsa yana kan kwana 80. Shi kuma ya mayar maka da amsa nan take. To a nan gizo ke saƙa: "yanzu" nasa ba shi ne "yanzu" naka ba. A lissafinsa agogonka ne ke jinkiri, kashi 8 cikin 10 na 80, wato 64. Amsar za ta same ka a rana ta 64, kwana 36 kafin ka rubuta tambayar. Lura kuma, ko wannan na'urar ta mafarki ba ta iya mayar da saƙo kafin ranar da kuka rabu. Wanda ke fatan magana da kakansa na zamanin Turawa, ko a takarda bai samu ba.

Ina take lalacewa? Gudu tukuna. Abu mafi sauri da ɗan Adam ya ƙera shi ne kumbon Parker, wanda ya kai kusan kilomita 190 a sakan kusa da rana a ƙarshen 2024. Ina 190, ina 180,000? Amma babbar matsalar ita ce saƙon. Duk abin da ke da nauyi, ƙara masa gudu yana ƙara cin makamashi, har ya zama ba iyaka kafin ya kai haske. An raɗa wa ƙwayar da ake zaton ta fi haske sauri suna takiyon a 1967, har yau ba wanda ya gan ta. A 2011 gwajin OPERA ya ba da rahoton wasu 'yan mitsi-mitsin ƙwayoyi da ido ba ya gani, masu suna nutirino, da suka yi kilomita 730 daga cibiyar binciken fiziks ta CERN a Suwizalan zuwa Italiya, suka riga haske da kashi 60 cikin biliyan na sakan. Duniya ta ɗauka. A 2012 aka gano wata igiyar haske ce ba ta zauna daidai a mahaɗinta ba. Kai da ke fama da bakin caji mai motsi ka san irin wannan ciwon.

Sannan ga tufka da warwara. In amsar rana ta 64 ta ce maka "kada ka tura saƙon", ka kuwa ji maganarta, wa ya jawo amsar? Marigayi masanin fiziks Stephen Hawking yana ganin dokokin halitta da kansu suke toshe wannan ƙofa, ko da yake hasashe ne ba hujja tabbatacciya ba. A 2009 ya shirya walima a Kambirij ta Ingila don matafiya daga zamani mai zuwa, bai fitar da gayyata ba sai bayan an tashi. Ba wanda ya zo.

In mai manhajar ya dawo, kada ka tsaya duba kwanan wata. Ka ce ya sa a aiko masa farashin buhun albasar Galmi na mako mai zuwa, ku rubuta a takarda gaban shaidu biyu, ka ajiye a aljihun teburinka har ranar ta zo.