Amsar tambayar ƙanina kan marubucin Get Out

Assalamu alaikum jama'ar gida. Ƙanina, na saurari tambayarka, wai wa ya rubuta Get Out, kuma me ya sa fim ɗin da babu aljani babu fatalwa ya hana ka barci. To Jordan Peele ne, Ba'amurke, an haife shi a New York a 1979. Shi ya rubuta, shi kuma ya ba da umarni.

Asalinsa fa ɗan barkwanci ne. Ya daɗe a shirin Mad TV, sannan shi da Keegan-Michael Key suka yi Key & Peele daga 2012 zuwa 2015. Ni dai a ganina can ya koyo sana'ar. Mai ba da dariya ya san inda zai ja bakinsa ya yi shiru, ya bar mutane suna jira, sannan ya saki maganar. Wannan jiran ne Peele ya ɗauko, sai dai a ƙarshensa gabanka ne zai faɗi.

Ka duba yadda ya gina labarin. Chris, saurayi baƙar fata, ya bi budurwarsa Baturiya gidan iyayenta. Babu wanda ya zage shi. Haba-haba ake yi da shi, ana ta washe baki ana yabonsa, har kirkin ya yi yawa ka fara jin a jikinka akwai lauje cikin naɗi. Uwar kuwa, cokali kawai take juyawa a kofin shayi, da shi ta ɗaure masa hankali, yana gani yana ji amma ya kasa motsi. Wallahi wurin nan ya fi mini duk wani zubar da jini.

Sai ƙarshen. Lokacin da fitilar mota ta haska, kowa ya ɗauka 'yan sanda ne, kuma mai kallo ya san abin da ke faruwa da baƙar fata a Amurka in an same shi tsaye kan gawa. Peele bai yi bayanin komai ba, abin da ke cikin kanka ya yi aiki da shi. Da farko ma an ɗauki ƙarshen da aka kama Chris, daga baya ya sauya, abokinsa ne ya zo.

An kashe dala miliyan 4.5 wajen yin fim ɗin, da ya fito a 2017 kuma ya kawo sama da miliyan 250. A 2018 Peele ya ci Oscar, babbar kyautar fina-finai ta Amurka, na rubutun labari na asali, baƙar fata na farko da ya ci wannan kyauta. Bayan nan ya yi Us a 2019 da Lupita Nyong'o, sai Nope a 2022. Us ɗin ya tsorata ni, amma bayanin ƙarshensa ya yi mini yawa, shi ya sa har yanzu na fi son na farkon. In za ka nemi Us, ka bari yara su kwanta tukuna.