Me Ya Sa Mai Takobi a Tsofaffin Finafinan Chanis Ba Shi da Mazauni?

Tambaya: Malam, na taso ina kallon tsofaffin finafinan Chanis na masu takobi. Kullum jarumin yana kan hanya, ba gida ba sana'a, kuma ko an zalunci wani ba ya kai ƙara wurin hukuma. Daga ina wannan ya samo asali?

Amsa: Ya girmi silima nesa ba kusa ba. Tun fiye da shekara 2,000 da suka wuce, marubucin tarihi Sima Qian ya ware babi guda ga irin waɗannan mutane masu yawo. Ya ce ba sa bin dokar sarki sau da ƙafa, amma idan suka yi alkawari sai sun cika, ko da za su rasa rai. Kafin shi, masanin falsafa Han Fei ya lissafa su cikin masu ɓata ƙasa. Finafinan da ake kira wuxia sun ɗauki ɓangaren Sima Qian.

Dalilin rashin kai ƙara shi ne sau da yawa hukumar ce azzalumar. Dubi fim ɗin Dragon Inn na darakta King Hu, wanda aka yi a Taiwan a 1967. A zamanin daular Ming an kashe minista Yu Qian, aka kori 'ya'yansa zuwa bakin iyaka, sannan wani babban bābā (dandaƙaƙƙen ma'aikaci) na fada ya tura 'yan leƙen asirinsa su tare su a wani masauki su kashe. Wa za a kai wa ƙara? Wanda ke da gona da iyali a gari ba zai iya ɗaga wa fada yatsa ba. Sai baƙon da ba a san inda zai kwana gobe ba. Shi ya sa masauki ya zama dandalin King Hu, kuma a ganina babu wanda ya kai shi iya tara abokan gaba a ɗaki ɗaya, kowa na shan shayi yana auna kowa.

Amma ba dukansu ke son yawon ba. A fim ɗin One-Armed Swordsman na darakta Chang Cheh, wanda Shaw Brothers suka fitar a Hong Kong a shekarar 1967 ɗin, jarumin, wanda Jimmy Wang Yu ya fito a matsayinsa, ya rasa hannun dama, ya zauna da yarinyar ƙauye da ta yi jinyarsa. Bashin alherin malaminsa kawai ya sa ya sake ɗaukar guntun takobin mahaifinsa. Wannan ne fim ɗin Hong Kong na farko da ya tara dalar Hong Kong miliyan 1 a can.