Taswirar Kano a labarin da zamani ke juyawa

Malama, kin tambaya yadda jarumin labarinki zai zana taswirar Kano alhali zamani na sauyawa a ƙarƙashin ƙafarsa. Shawarata, ki ba shi abin da ba ya gusawa, wato Dutsen Dala. An sha faɗaɗa ganuwa, Kasuwar Kurmi ma sai zamanin Sarki Muhammadu Rumfa (1463-1499) aka kafa ta, amma Dala na nan daram.

Ya kwaɓa tawada da ƙasar dutsen, ya yi zane a allo. Duk lokacin da ya wanke, sai titunan wani zamanin su bayyana da kansu. Don Allah kada sihirin ya zo masa a banza. Ba zai iya bin hanyar ba sai ya sha ruwan wankin, kuma kowace kurɓa tana goge masa shekara guda daga abin da yake tunawa.