Amsa ga 'yar'uwar da ke son rage maiƙon poutine

Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Kin ce likita ya umarci maigida ya rage maiƙo da gishiri, yara kuma tun da kuka sauka lardin Kebek na Kanada ba abin da suke so kamar poutine, kina tambaya ko akwai yadda za a yi shi bai yi nauyi ba. Akwai, ni ma na daɗe ina yi a gidana nan Montiriyal. Allah ya ƙara masa lafiya.

Kin san abu uku ne kawai a cikinsa: soyayyen dankalin Turawa, gutsattsarin cuku, da romo mai kauri da ake kwararawa a kai. A ƙauyukan Kebek ya samo asali ƙarshen shekarun 1950, har yau mutanen garin Warwick da na Drummondville kowa na cewa nasu ne. Da yawa idan za su rage nauyinsa cukun suke fara cirewa. Kada ki yi haka. Cukun nan mai ƙara ƙiƙi-ƙiƙi a haƙori shi ne poutine ɗin, in kin cire shi yara za su ture faranti. Rage shi dai, giram 150 ya ishi mutum huɗu. Inda nauyin yake shi ne suya da romo.

Dankalin ba na soyawa. Kilo ɗaya nake yankawa dogo-dogo da ɓawonsa, in jiƙa a ruwan sanyi minti 30, in ɗan tafasa shi minti 5, in tsane in goge da tsumma ya bushe sarai. Man zaitun babban cokali biyu, a baza a faranti kada wani ya hau kan wani, sai obin a digiri 220 na ma'aunin Celsius, wajen minti 35, a juya sau ɗaya. In da sauran danshi a jikinsa turara zai yi, ba zai yi ƙamas-ƙamas ba.

Romon ne na fi so ki saurara. Na gargajiya da bota da fulawa ake ɗaure shi. Ni kuwa wata tsohuwar maƙwabciyata 'yar Hangari ce ta canza min hannu. Iyayenta na cikin 'yan gudun hijirar da Kanada ta karɓa bayan boren 1956. Ta nuna min yadda suke miyar kazarsu ta paprika, wadda albasa ce ke ba ta kauri. Manyan albasa uku za ki yanka ƙanana-ƙanana, ki sa mai cokali ɗaya, wuta ƙasa-ƙasa, kina ɗan yayyafa ruwa duk sanda ta so kamawa, har ta narke ta zama kamar kunu. Yana cin minti 25, kuma gaggawa ba ta yi a nan. Su da kitsen alade suke fara wannan girki a al'adance, don haka in kin duba girke-girkensu a intanet ki lura. Mu mai ya wadatar.

Sai paprika. Garin busasshen jan tattasai ne, mara yajin za ki nema, kuma wanda ya fi suna daga garuruwan Szeged da Kalocsa na Hangari yake zuwa, ki duba jikin gwangwanin. Ki sauke tukunya daga wuta kafin ki zuba babban cokali biyu. Akwai sukari a cikinsa, da ya ji zafi da yawa sai ya ƙone. Ranar farko da na yi ni kaɗai a kan wuta na zuba, miyar ta yi ɗaci har sai da na zubar da tukunya guda, albasar da na ɓata lokaci a kanta duk ta tafi. Ki juya shi cikin albasar ya saki ja, sannan tafarnuwa, tumatir ɗaya, tattasai ɗaya, ɗan 'ya'yan karawe (caraway, wani kayan ƙamshi) in kin samu, da ruwan dahuwar cinyar kaza da aka cire wa fata kofi biyu. Ya dahu minti 20 ki markaɗa. Tsokar kazar ki yayyage ki mayar ciki.

'Yan Hangari da kirim mai tsami suke ƙarasawa. Ni kindirmo mara sukari nake sawa, cokali biyu, bayan na kashe wuta, don in ya tafasa tsinkewa yake.

Batun gishiri: cukun da nasa yake zuwa, don haka kada ki sa dunƙule, kuma ki guji romon gwangwani da na leda, gishirinsu ya yi wa maigida yawa, wani ma ba ki san da wane nama aka yi shi ba. In bakinsa ya saba da yaji, ɗan attaruhu a nasa farantin zai sa bai ji rashin gishirin ba.

Cukun ki fito da shi daga firji tun awa ɗaya kafin ci, ki zuba romon da zafinsa sai kowa ya zauna, don dankalin obin ya fi na suya saurin laushi.