Ɓawon Itacena Yana Zubewa, Wane Magani Zan Fesa?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ina zaune a jihar Teksas ta Amurka, kuma muna da itatuwan oak, wani irin babban itace mai inuwa, guda uku a gida. Bara muka sa aka zuba kankare na ajiye mota dab da ɗaya. Bana sai ganyen samansa ya yi rawaya ya bushe, ɓawon kuma yana ɓallewa falle-falle, a ƙarƙashinsa akwai wani gari mai ruwan ƙasa. Me zan fesa? Zai kama sauran biyun?

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya. Kada ki zubar da kuɗinki a kan feshi, domin babu maganin da ke kai wa inda cutar take. Yadda kika siffanta shi, alamu sun nuna ciwon nan ne da masana ke kira Hypoxylon, wanda wata fumfuna mai suna Biscogniauxia atropunctata ke haddasawa. Ki goga yatsa a wurin da ɓawon ya faɗi. In garin ya biyo hannunki, ƙwayoyin irin fumfunar ne, kuma iska ce ke kwashe su. Nan da 'yan watanni wurin zai koma ruwan toka mai sheƙi, daga baya ya yi baƙi ƙirin kamar an shafa kwalta, ya yi tauri.

Abin da mutane ba sa yarda da shi da wuri shi ne, fumfunar ba jiya ta zo ba. Tana zaune shiru cikin ɓawon itatuwa masu ƙoshin lafiya shekara da shekaru, ba ta yin komai muddin jikin itacen cike yake da ruwa. Sai ƙishirwa ta raunana shi take kutsawa cikin naman itacen ta fara ruɓar da shi. Shi ya sa ake yawan ganin ta bayan fari, irin na 2011 da hukumar gandun daji ta Teksas ta ƙiyasta ya kashe itatuwa kimanin miliyan 300 a jihar.

A naki gidan kuwa, kankaren nan nake zargi. Ƙananan saiwoyin da itace ke sha da su ba zurfi suke yi ba, galibinsu suna cikin santimita 30 zuwa 45 na saman ƙasa, kuma suna bazuwa har su wuce iyakar inuwarsa. Masu aikin sun datse wasu, sun daɓe ƙasa a kan wasu, sannan aka rufe su ruf, ba ruwa ba iska.

Da zarar ciwon ya bayyana a gangar jikin itace, itacen ba ya tashi. Ki kira ƙwararren mai kula da itatuwa ya tabbatar, in haka ne a sare shi ba jinkiri, tunda mota da yara suna ƙarƙashinsa. Irin wannan ruɓa tana sa itace ya yi gautsi da sauri, kada ki bari wani ya hau shi da zarto don neman sauƙin kuɗi. Da a reshe ɗaya ne kawai, da sai a yanke reshen a sa ido.

Sauran biyun su ne abin kula. Mai yiwuwa su ma suna ɗauke da fumfunar, don haka raba su da mara lafiyar ba zai kare su ba, ban ruwa ne zai kare su. Lokacin fari ki bar tiyo yana tsiyaya a hankali a kewayen iyakar inuwa har ƙasa ta jiƙu sosai, sau ɗaya a mako ko mako biyu. Yayyafin kullum da ake yi wa ciyawa ba ya isa gare su. Ki baza ɓarɓashin itace kaurin santimita 5 zuwa 10, amma kada ya taɓa gindin, kuma a daina ajiye mota ko haƙa rami a ƙarƙashinsu.

Itacen da aka sare ana iya ƙona shi a murhu, sai dai a yi amfani da shi da wuri, domin ruɓar tana ci gaba ko bayan an faskara shi.