Tambayoyin Masu Karatu: Sauron da ke Cizo da Rana

Tambaya: Assalamu alaikum. Muna kwana cikin gidan sauro, amma da rana sauro na cizon yarana a ƙafa idan suna wasa a tsakar gida. Shi ma maleriya yake kawowa? Daga wata uwa a Agege.

Amsa: Wa'alaikumus salam, Hajiya. Sauro ba iri ɗaya ba ne, kuma a kowane iri macen ce kaɗai ke cizo, don sai da jini ƙwanta ke ƙosawa. Mai kawo maleriya, wato Anofilis, aikin dare yake yi, daga magariba zuwa asuba. Wanda ke cika kunne da kuka kuwa galibi Kuleks ne, ɗan kwata, kuma shi ba ya yaɗa maleriya.

Wanda kike bayani ya fi kama da Edis. Idan kin kashe ɗaya, ki duba shi da kyau: baƙi ne, da ratsin fari a ƙafafu. Ya fi cizo da sassafe da kuma bayan la'asar, yana bin ƙasa-ƙasa wajen idon sawu. Shi ke yaɗa zazzaɓin dengi da cutar shawara, kuma gidan sauro ba ya tare shi sai ga mai barcin rana.

Abin da mutane ba sa lura da shi: Edis ba ruwansa da lambatu, ruwa mai tsabta yake so. Duron da aka tara ruwa aka bar shi buɗe, jarkar da ba murfi, tsofaffin tayoyin mai faci da ruwan sama ya kwanta a ciki, duk gidajensa ne, balle a daminar Legas. Daga ƙwai zuwa sauro mai tashi kwana 7 zuwa 10 ne kawai. Saboda haka duk mako a zubar da ruwan, a goge cikin duron da soso. Zubarwa kaɗai ba ta wadatar, domin ƙwan yana maƙalewa a jikin mazubi, ya yi watanni a bushe, da ruwa ya taɓa shi sai ya ƙyanƙyashe.

Idan yaro ya yi zazzaɓi, don Allah kada a garzaya kemis a sayo maganin maleriya kai tsaye. Legas na cikin jihohin da maleriya ta fi ƙaranci a Najeriya, don haka zazzaɓi da yawa ba ita ba ce. A yi gwajin jini na yatsa, minti 15 zuwa 20 ya fito. Kafin nan a ba da farasitamol kawai. Asfirin da ibuprofen na iya jawo zubar jini idan dengi ce. Ciwon ciki mai tsanani, amai ba ƙaƙƙautawa, ko jini a dasashi, a tafi asibiti nan take.

Ki kuma duba katin rigakafin yaranki. Allurar shawara ana yin ta a wata 9, kuma guda ɗaya ta wadatar har tsawon rai.